Buhun murzuna ba magani ba ne, rai ne a cikinsa

Malam Edita,

Assalamu alaikum. Muna roƙon ka ɗan ba mu fili a jaridarka tun hatsi bai fidda kai ba, mu yi bayani kan wata halitta da manoman Adar suka fi sanin buhunta fiye da ita kanta. A ƙauyuka da dama na jahar Tawa, kamar yadda ake yi a Maradi da Damagaram, in damina ta yi tsaka akan kawo ƴan buhunan algarara a rataye su a gonaki saboda murzuna, tsutsar da ke cin zangarniyar hatsi. Mutane na ce musu "maganin murzuna", kuma daga sunan ne ɓarna ke farawa. Wanda ya ɗauki abu magani zai ajiye shi a ɗaki sai ciwo ya tsananta. Zai bar shi cikin rana a bayan mota, kuma ba zai ga laifi ba in ya haɗa shi da feshi, wai don ƙarfi ya haɗu. Kowanne daga cikin ukun nan kashe abin da ke cikin buhun yake yi, domin ƙwaro ne mai kashe murzuna, sunansa Habrobracon hebetor, mai ci da sha da haihuwa, mai kwanakinsa ƙidayayyu.

Hanya mafi sauƙi ta gane shi ita ce ta zanzaro, wanda kowa ya sani yana ɗora ɗakinsa na laka a jikin bango ko a bayan ƙofa. In aka fasa ɗakin za a tarar da tsutsotsi kore jibge a ciki, wani irin kuma gizo-gizo yake tarawa. Ba matattu ba ne. Taɓa ɗaya da tsinke ka ga ta ɗan motsa, sai dai ba ta iya tafiya. Uwar ce ta harbe su, dafin ya shanye musu jiki, ta saka ƙwai ta liƙe ƙofa, don ɗanta in ya ƙyanƙyashe ya tarar da nama ɗanye wanda bai ruɓe ba. To, ƙwarin da muke magana a kansu dangin zanzaro ne, da ƙugunsu siriri irin nasa, wanda ya sa ake ce wa mai cusa riga cikin wando ya yi zanzaro. Bambancin shi ne su ba sa gini, ba sa ɗaukar kaya. Inda uwar ta tarar da tsutsa, nan take saka ƙwai a jikinta ko a cikinta, ta yi gaba.

Kada a haɗa su da kaska ko ƙwarƙwata, waɗanda ke shan jini su bar mai jinin da ransa. Kada kuma a haɗa su da gizo-gizo ko ƙadangare, da ke cin ƙwari da yawa a rayuwarsu. Ɗan wannan ƙwaro jiki ɗaya tak yake ci tun daga ƙyanƙyasa har girma, kuma ƙarshen mai jikin mutuwa ne. Babban kuwa, in ya yi fiffike, abincinsa ruwan fure ne da darɓa da ɗan ruwan jikin tsutsa.

A rabon masana, duka suna cikin babban gidan da ake kira Hymenoptera, gida ɗaya da ƙudan zuma da rina da tururuwa da cinnaka, wanda aka rubuta sunayen ire-irensa fiye da 150,000. Ƙarin da zuma da rina ke harbi da shi asalinsa bututun saka ƙwai ne, shi ya sa namiji ba ya harbi a duk gidan. Su waɗannan namu ƙarin nasu na aiki biyu, ya zuba dafi, ya kuma zura ƙwai. Manyan zuriyoyinsu da mai gona ya kamata ya ji sunansu ba su da yawa. Akwai Ichneumonidae, masu dogon jiki da dogayen ƙahonnin shinshina, an san kimanin iri 25,000. Akwai ƴan uwansu na kusa, Braconidae, fiye da iri 20,000, kuma daga cikinsu ne ƙwaron buhunmu ya fito. Sai Chalcidoidea, ƙanana ƙwarai, da yawansu masu ƙyalli kamar ƙarfe, an rubuta fiye da 22,000 amma masana na ƙiyasin za su kai rabin miliyan. Sai dangin Telenomus, baƙaƙe masu bin ƙwai. Wasu ƙudaje ma, dangin Tachinidae, suna irin wannan rayuwa, amma su ƙuda ne, fiffike biyu gare su, namu kuwa huɗu.

Girmansu ya bambanta har abin ya ba da mamaki. A dazuzzukan Amurka ta Arewa akwai Megarhyssa, wadda ƙarinta kaɗai ya wuce santimita 10, tana huda kututturen ice da shi ta kai ga tsutsar da ke can ciki. A ɗaya gefen akwai Dicopomorpha echmepterygis, wanda namijinsa milimita 0.139 ne, babu ido babu fiffike, shi ne mafi ƙanƙantar ƙwaro da aka sani. Mafi yawan masu yi mana aiki a gona tsakanin rabin milimita ne da milimita 5. Abin da ya sa ke nan manomi kan shekara hamsin tare da su bai taɓa lura da ko ɗaya ba.

Ga mai aiki da su, rabon da ya fi sunayen zuriya amfani shi ne na yadda suke yi da tsutsar. Kashi na farko suna shanye mata jiki nan take, ta daina ci, ta daina girma, ƴaƴan su ci abin da suka tarar. Irin waɗannan galibi a bayan fata suke saka ƙwai, kuma ba su cika zaɓen abinci ba, tsutsa iri-iri suke faɗa wa. Kashi na biyu sun fi dabara. Uwar na zura ƙwai cikin tsutsa tun tana ƙarama, ta bar ta ta ci gaba da kiwo, ɗan na ciki yana shan ruwan jikinta da kitsenta, yana kauce wa gaɓoɓin da in ya taɓa za ta mutu, sai ya kusa fita ya ƙarasa ta. Jikin tsutsa na da garkuwa, ƙwayoyin jininta kan lulluɓe baƙon abu su shaƙe shi. Don haka dangi irin su Cotesia kan zuba wata ƙwayar cuta ta bairos tare da ƙwan, wadda ake haɗawa a cikin mahaifar uwar, ita ce ke karya garkuwar. Da yake makamin an ƙera shi ne daidai da jiki iri ɗaya ko ƴan kaɗan, wannan kashi na da tsananin zaɓe. Wanda ya dace da tsutsar kabeji ba lalle ya yi komai ga tsutsar hatsi ba.

Masu lambun kabeji a fadamun Maggiya da Tarka sun sha ganin aikin Cotesia ba su sani ba. Wani ɗan farin ƙunshi kamar ƙwayar shinkafa a bayan ganye, ko tarin irinsu a jikin tsutsa da ta lafe ba ta motsi, mutum ya ce ƙwan tsutsa ne ya murje shi da yatsa. Tsutsa ba ta ƙwai, uwarta mai fiffike ce ke yi. Abin da ya murje sojansa ne yana kwance cikin saƙarsa, saura kwana kaɗan ya fito. Haka darɓar da ta kumbura ta bushe ta zama ruwan ƙasa kamar ƴar tukunya, wani lokaci da zagayayyen rami a bayanta, ita ma ɗan zanzaro ne ya cinye ta daga ciki ya yanka ƙofa ya fita. Ganye mai irin waɗannan a bar shi a lambu.

Akwai kuma masu tarar hanzari tun daga ƙwai. Trichogramma da ƴan uwanta, waɗanda ba su kai milimita ɗaya ba, suna saka ƙwansu cikin ƙwan malam-buɗe-littafin dare, bayan kwana uku zuwa huɗu ƙwan ya yi baƙi, bayan kamar kwana bakwai zuwa goma ɗan zanzaro ya fito a madadin tsutsa. A Nijar an samu ɗaya daga cikinsu, Trichogrammatoidea armigera, a ƙwan murzuna. An kuma samu Telenomus remus a ƙwan tsutsar masara, wadda aka fara gani a Afirka a 2016, kuma tashar binciken noma ta ICRISAT da ke Sadore kusa da Yamai ta yi aikin kiwon sa. Amfanin waɗannan a fili yake, tsutsar ba ta ma samu ta ciji komai ba. Wahalarsu kuma ƙanƙanta, ba sa tafiya da nisa, zafi na saurin kashe su.

Ba duka ne abokanmu ba, wannan ma a faɗe shi. Wasu a jikin ƴan uwansu suke saka ƙwai. Misalin da aka yi nazarinsa sosai a rumbunan wake na nan ƙasar shi ne na Dinarmus basalis, wanda ke huda ƙwayar wake ya kashe tsutsar ƙwaron wake a ciki. Shi kaɗai yana rage ƙwaron ƙwarai. Amma inda Eupelmus vuilleti ya shiga rumbu tare da shi, sai ya riƙa bin waken da Dinarmus ya riga ya saka wa ƙwai, yana kashe ɗansa ya maye gurbin. Su biyu a haɗe ba su kai aikin na farkon shi kaɗai ba. Yawan sojoji daban, cin yaƙi daban.

Mu dawo kan hatsi. Murzuna ɗiyar wani malam-buɗe-littafin dare ce mai suna Heliocheilus albipunctella, kuma ta zama annoba a Sahel ne bayan farin shekarun 1970. Haihuwa ɗaya take yi a shekara. Iyayen na fitowa daga ƙasa kamar wata guda bayan ruwan shuka, su saka ƙwai a kan zangarniyar da ke fitowa, ƙwan ya ƙyanƙyashe cikin kwana uku zuwa biyar. Ƙaramar tsutsa bununi take ci. In ta ƙara girma sai ta koma gindin furannin tana yanke ƴan sandunan da ke riƙe da ƙwaya, tana zagaya zangarniya, shi ne wannan murɗaɗɗen layi da ake gani ya taso kamar an naɗa igiya. Bayan kamar wata guda ta sauko ta nutse cikin ƙasa, ta kwanta har damina mai zuwa. A mummunar shekara asara kan kai kashi 85 cikin ɗari a gonar da ta fi shan wuya, galibi hatsin da ya riga saura fidda kai.

Abokin gabarta da ke cikin buhu sunansa Habrobracon hebetor. Ba baƙo ba ne, ɗan gari ne, kuma sai da ɗan gari akan ci gari. Tsawonsa milimita 2 zuwa 3, ruwan zuma da ɗan baƙi-baƙi. Yana cikin kashi na farko. Macen na kutsawa cikin hanyar da murzuna ta haƙa, ta lanƙwaso cikinta ta tsakanin ƙafafunta ta harbi tsutsar, ta ja da baya ta jira. Dafin na yanke saƙo tsakanin jijiya da tsoka, amma zuciyar tsutsar na ci gaba da bugawa, shi ya sa ba ta ruɓewa. Ƙarfinsa ya kai a ce kashi ɗaya cikin miliyan 200 na jinin tsutsa ya isa ya kwantar da ita har abada. In ta lafe, uwar ta tsotsi ɗan ruwan jikinta, domin da shi ƙwayayenta ke nuna, sannan ta jera ƴan ƙwai farare a kan fata. Cikin kwana ɗaya zuwa biyu sun ƙyanƙyashe, ƴaƴan su kafa baki su tsotsa na kwana biyu zuwa huɗu har tsutsar ta zama busasshen fata, su matsa gefe kowa ya saƙa farin ƙunshinsa. A zafin daminarmu, wajen digiri 30, daga ƙwai zuwa mai fiffike kwana takwas zuwa goma ne. Wani abin da ke ƙara mata daraja, tsutsotsin da take harbewa sun fi waɗanda take saka wa ƙwai yawa, kuma duk wadda ta harba ta gama cin hatsi.

Mai karatu zai ce, in ɗan gari ne, me ya sa sai an kawo shi a buhu? Saboda rani. Wata tara ko goma murzuna na ƙarƙashin ƙasa inda ba ya isa gare ta, ƴan kaɗan ne ke tsira a rumbuna da lambuna kan wasu tsutsotsi. Kafin waɗannan kaɗan su hayayyafa su cika gonaki, Satumba ta yi nisa, murzuna ta gama aikinta ta sauka. Ihu bayan hari ke nan. Duk hikimar buhun ita ce a ba shi ratar haihuwa biyu ko uku a kan lokacin da zai iso da kansa. Masu binciken INRAN, cibiyar binciken noma ta Nijar, a Maradi da abokan aikinsu na Burkina Faso da Mali ne suka daidaita wannan hanya, suka yaɗa ta a ƙauyuka tun daga 2006.

Ga yadda ake haɗa shi. Buhun algarara mai santimita 15 a 25, a zuba hatsi giram 200 da garin hatsi giram 100, a saka tsutsa 25 ta Corcyra cephalonica, wato tsutsar nan da ke saƙa yana cikin gari da shinkafa a ajiya, masu matsakaicin girma zuwa manya. A saka mata biyu na Habrobracon waɗanda suka riga suka sadu da maza, a ɗaure baki. Akwai ƙaramin buhu na santimita 7 a 10 mai hatsi giram 50 da gari giram 30, tsutsa da mata adadinsu ɗaya. A bar buhun kwana biyu a inuwa cikin ɗaki don matan su yi harbi su saka ƙwai kafin a girgiza su a hanya. Algarara aka zaɓa don iska na ratsa ta, kuma ƴaƴan na iya kutsowa ta ramukan saƙar. Wanda ya musanya da leda ko buhun roba ya dafa su da gumi. Daga kwana na takwas suke fara fita, su ci gaba har wajen mako uku, buhu ɗaya kan ba da kamar 60 zuwa 70. Buhu 15 ake ba gari guda, wato kusan dubu ɗaya. Dubu ba komai ba ce a gonakin gari, jikokinsu ne ke yin aikin.

Ana raba sha biyar ɗin gida biyar, uku a gonar tsakiya, uku-uku gabas da yamma da kudu da arewa. Cikin wata guda sukan bazu kilomita 3 zuwa 5. Wannan na nufin abu biyu. Ba a saye wa gona ɗaya, domin ƙwaron bai san iyaka ba, gonar wanda ya biya da ta wanda bai biya ba duk ɗaya ne a wurinsa, don haka sayen na gari ne ko na ƙungiya ko na komin. Na biyu, garuruwan da ke nesa da juna fiye da haka kowanne na bukatar nasa.

Lokaci shi ne inda aka fi faɗuwa. Habrobracon ba ya taɓa ƙwai, kuma ƙananan tsutsotsi ba su ishe shi reno ba, ya fi son masu girma. In aka rataye buhu hatsi na ciki bai fidda kai ba, ƴaƴan za su fito su yi ta yawo babu abin harbi, su mutu cikin kwanaki. In aka jira sai layukan murzuna sun bayyana ko'ina, a ƙara kwana takwas na fitowa a kai, an makara. Daidai shi ne lokacin da gonakin farko suka fidda kai suka fara bununi. Ranar kalanda ba ta da amfani a nan, domin shuka a Ƙonni da shuka a Bagaruwa ko Keita ba rana ɗaya ba ce, har a gari guda akwai mai shukar farko da mai maimai. A sa mutum biyu ko uku masu zagaya gonaki kowace safiya, su duba kan zangarniya, inda ake ganin ƙwan kamar ƴan ƙananan farin yashi manne a tsakanin gashin.

Sai wurin ratayewa. A ƙasa ba a ajiye buhu, tururuwa da cinnaka za su shige su kwashe tsutsar da ƙwan cikin dare ɗaya, gara kuma ta ci algararar. A rataye a reshen ice mai inuwa, gawo ba ya da ganye da damina don haka a nemi aduwa ko kalgo ko bedi, ko a kafa sanda a kifa masa rabin jarka ko ƙwarya a sama. Ruwa in ya jiƙa garin, ya cure ya yi fumfuna, komai na ciki ya mutu. Rana tsaka in ta buge shi kai tsaye, haka. A shafa ɗan baƙin mai ko man shafawa a igiyar don tare tururuwa, amma kada ya taɓa buhun. A ɗaga shi inda akuya ba ta kaiwa, ɓera ma na son hatsin. A gaya wa yara abin da ke ciki, in ba haka ba za su kwance su gani. Wajen ɗauko su daga inda aka haɗa, da sanyin safiya ko da yamma, cikin kwali mai huji, ba a ɗora kaya a kai, kuma a rataye su ranar da suka iso. Bayan mako uku zuwa huɗu a tattaro buhunan a zazzage wa kaji, don kada tsutsar da ta kuɓuta ta yi fiffike ta nufi rumbu.

Masu ɗakin kiwo su ma akwai nasu. Corcyra ake fara kiwo, cikin bokiti ko kwano mai hatsi da gari, a rufe da yadi mara kauri a ɗaure da roba. Daga ƙwai zuwa tsutsar da ta isa sa wa a buhu mako uku zuwa huɗu ne, zagayen rayuwarta duka wajen mako shida. Garin a fara gasa shi sama-sama ko a kwantar da shi cikin firiza, saboda jan ƙwaron gari da ƙananan ƙuma da ke cinye ƙwan. Ƙafafun teburi su tsaya cikin gwangwanin ruwa. Ɗakin tsutsa daban, ɗakin Habrobracon daban, a kuma fara aiki da na tsutsa kafin a shiga ɗayan, domin mace ɗaya da ta maƙale a riga ta isa ta shanye bokiti guda. Manyan a ba su ruwan zuma ko na sukari, kashi ɗaya cikin goma, a jiƙa auduga, kada a ɗiga ɗigo babba su nutse a ciki.

Maganar "mata biyu da suka sadu da maza" ba ado ba ce. A mafi yawan gidan Hymenoptera, ƙwan da ya haɗu da maniyyi shi ke zama mace, wanda bai haɗu ba ya zama namiji. Budurwa na saka ƙwai lafiya lau, ƴaƴan su fito, amma duka maza, kuma namiji ba ya harbin komai. Buhu zai cika ƙa'ida a ido, ƙwari su fito, murzuna ko gezau. Don haka a haɗa sababbin fitowa maza da mata kwana ɗaya zuwa biyu kafin a zaɓa. Da madubin ƙara girma ana gane mace da ɗan baƙin ƙari a ƙarshen cikinta da gajerun ƙahonni, na namiji sun fi tsawo.

Akwai wani tarko da ya fi wannan ɓoyuwa, kuma a jikin wannan ƙwaro ne masanin Amurka P. W. Whiting ya bayyana shi a 1943. Ƙwan da ya haɗu da maniyyi yana zama mace ne kawai in abin da ya gada daga uwa da wanda ya gada daga uba, a wani gurbi guda na ƙwayar gado, sun bambanta. In iri ɗaya ne, kamar yadda ke yawan faruwa in wa da ƙanwa suka yi ta haɗuwa, sai ya zama namiji mara amfani, yawanci ma ya mutu tun yana ƙarami. Ɗakin kiwon da ya faro da mata ƙalilan ya yi shekaru bai sa sabon jini ba zai ga ƴaƴa na raguwa, maza na rinjaya, a yi ta zargin zafi ko abinci. Gyaran shi ne kowace kaka a tsinto zangarniyoyi masu farin ƙunshi daga garuruwa daban-daban, a bar su su fito a keɓe, a tabbatar su ne, sannan a gauraya da na ɗaki.

Feshi kuwa, a ganinmu shi ne babban abokin hamayyar wannan aiki, ba murzuna ba. Magungunan da suka cika kasuwanninmu, masu sinadarin lambda-cyhalothrin ko cypermethrin, ba sa tambayar sunan ƙwaro. Murzuna na ɓoye ƙarƙashin furanni inda feshin ba ya ratsawa sosai, shi kuwa Habrobracon yini yake yana tafiya a kan zangarniya yana shinshinawa, jikinsa ɗan mitsitsi. Wanda aka nufa ya tsira, wanda ba a nufa ba ya mutu. Garin da ya karɓi buhu ya yi yarjejeniya, babu feshin hatsi daga ranar ratayewa har girbi. In fara ta sauka dole a yi wani abu, a sanar da ma'aikatan kare tsirrai cewa an saki ƙwaro a wurin. Akwai maganin fara na naman gwari Metarhizium, wanda aka sayar da sunan Green Muscle, da ke kama dangin fara ya ƙyale su zanzaro. Ɗakin da aka taɓa zuba piya-piya kuma, ko kwana ɗaya kada buhu ya yi a ciki.

Kada a yi wa mutane alkawarin da ƙwaron ba zai cika ba. Ba ya taɓa fara, ba ya korar jan-baki, ba ruwansa da ƙuduji. Ba ya harbin mutum ko dabba, ba ya cin hatsi, ba ya damun zuma. Kuma ba irin labarin rogo ba ne, inda cibiyar binciken noma ta IITA da ke Ibadan ta saki Anagyrus lopezi da aka samo daga Kudancin Amurka a 1981, ya zauna da gindinsa ya danne ƙwaron rogo a faɗin Afirka ba tare da an sake sakinsa kowace shekara ba. Rogo na tsaye da ganyensa duk shekara, hatsi wata uku ne. Namu rani na karya shi kowace shekara, don haka kowace damina sai an maimaita. Inda aka yi daidai, gwaje-gwajen gona sun nuna mutuwar murzuna har kashi 80 cikin ɗari, da ƙarin amfanin gona da ya kai kashi 34.

Gani ya kori ji. Mako huɗu bayan ratayewa, a tara manoma a shiga gona, a ɗebi zangarniya ɗari masu layi daga wurare daban-daban, a buɗe kowane layi da tsinke. Tsutsa mai ƙiba da ke murɗawa in an taɓa ta, ta tsira. Wadda ta yi laushi ba ta motsi, an harbe ta. Baƙin busasshen fata da ƴan fararen ƙunshi biyar ko shida jere a gefensa, an ci ta an haihu a kanta. A rubuta adadin kowanne, a yi irin wannan ƙidaya a garin da ba a saki ba mai nisan fiye da kilomita 15, a gwada. In aka tarar babu ƙunshi sam, a koma kan buhunan a kwance ɗaya. In akwai ƙunshi fanko a ciki, ƙwarin sun fita, matsalar lokaci ce ko feshi. In tsutsotsi ne suka saƙa yanarsu suka yi fiffike, matan sun mutu tun a hanya. In gari ne ya cure, ruwa ne.

Roƙonmu gare ka, Malam Edita, ka riƙa tuna wa masu karatu da wannan tun watan Yuni, ba Agusta ba. Ɗakin kiwo ba shago ba ne da ke da kaya a kan kanta. Kafin a samu tsutsa 375 da mata 30 na buhu 15 na gari ɗaya, sai an faro kiwon aƙalla mako shida baya, kuma kowane gari a sati biyu ɗin nan guda yake son nasa. Magadan gari da shugabannin ƙungiyoyin manoma su kai sunayen garuruwansu da ranar da aka yi shuka a kowanne ga ma'aikatar noma ta gundumarsu da zarar shuka ta kama, don a san wa za a fara kai wa.

Mun gode da filin da ka ba mu.

Wasu ma'aikatan kare tsirrai,
Tawa